Awon Haske

Shekara tara na riƙe masa kwano,
fallen rufi da muka goge da toka,
ina karkata shi ga rana
har haske ya sauka inda Nomau ke so.

Kafin fim, hoton katin ɗan ƙasa yake ɗauka
gindin bedi, bakin gidan waya,
baƙin ƙyalle a bango, dala arba'in kai guda.
Can ya koyi fuska, in ji shi:
wanda ya riƙe numfashi ba ya iya ƙarya.

Daga nan bidiyon suna,
daga nan mu.

Darekta na ihu, kuɗin hayar mota na tafiya,
shi yana tsugune a yashin Gulbi
yana jiran la'asar sakaliya.
"Ranar tsaka ba ta da kunya,
goshi kaɗai take gani."

Daidai gwiwa yake aje kamara.
In jaruma za ta yi kuka
sai ya bar idonta, ya bi yatsunta
suna murza bakin gyale.
An yi faɗa a kan wannan a Mokoyo,
faɗan da ya kai ga jifa da takalmi.
Da aka haska fim ɗin,
wurin yatsun ne mata suka yi tsit.

Bai taɓa yarda a yi wa baƙar fata
ambaliyar fitila don ta yi fari ba.
Rabin fuska a inuwa,
ɗigon haske a kunci, kamar man gujiya.

Daren da kuran ya ɗauke mana a Bagalam
ya ari fitilar mai tsire,
ya zuba ruwa a faranti,
bangon zaure ya yi ta rawa bayan mai mutuwa.
Har yau ana tambayata kuɗin injin da ya yi hakan.

Yanzu yana ta rufe idon dama,
na hagu ma ya soma hazo.
Kamarar tana hannuna, gwiwata ta yi kanta.

Jiya na same shi a ƙofar gida,
ya miƙa bayan hannu waje
kamar mai jin ko ruwa ya fara.
Na ce, Nomau, me kake awo?
Ya ce, "Tsahiru, kar ka kunna tukuna.
Saura kaɗan ta nuna."