Faɗuwar Aro

Ni ake saka wa rigar jarumi
idan an iso gangaren Kwatarkwashi.
Shi yana inuwar mota da lemon kwalba,
ni ina auna dutse da tafin ƙafa,
ina ƙirga buhunan ƙaiƙayin
da muka jibge a ƙasa.

Darakta ya ɗaga hannu.
Na saki jiki.
Faɗuwa ma karatu ce:
kafaɗa ke fara gaida ƙasa,
kai ya biyo baya da ladabi.

Shekara goma sha bakwai
ƙeyata kawai duniya ta sani.
Haƙarƙari uku, haƙori ɗaya,
da babur ɗin da ya ci wuta a hanyar Tsafe.

Yanzu ni ke tsara wa yara faɗa a Gusau:
"Jabbi, naushin ya wuce kunne da yatsa biyu.
Kai kuma, faɗi kamar ba ka da gobe."

Jiya Inna Kulu ta ga tsohon fim a wayar jikanta.
Ta ce a tsayar, ta ɗora yatsa kan gilashi:
"Wannan Labbo ne.
Tun yana tatata haka yake jefa ƙafar hagu."