Fom Arba'in da Takwas

Ni na raka mai kai sammaci
ranar Laraba, ana yayyafi kan Sakatariya.
Takardar na cikin leda, ledar na cikin rigar sanyinsa,
ya ce in ta jiƙe sai mun koma farko.
Bene uku muka hau.
Mai tsaron ƙofar oga ta juya hatimin kotu
kamar mai duba kuɗin jabu,
ta ce oga ya fita.
Ta tagar bayanta ina hango motarsa,
direba na goge gilashi yana fito.

Takardar ƙarin girmata ta zo
tun Mujittafa na rarrafe.
Yanzu shi ke karanta mini ita
in idona ya yi nauyi.
A takarda ina mataki na goma,
a banki ina na takwas,
albashi ya kafe
kamar jakin da ya ƙi tsallaka Dilimi.

Mu ɗari biyu da sha ɗaya muka kai ƙara.
Barista Nanret, mai takalmin da dunduniyarsa ta cinye,
ta tsaya mana har alƙali ya ce
a biya cikin kwana casa'in.
Ran nan Davou ya ci bashin balangu a Taminus,
ya ce ku ci, kuɗi na hanya.
Casa'in ta zo ta wuce.
Ta sake zuwa.
A zuwanta na biyar muka kai Davou Du,
muka dawo da jar ƙasa a ƙafar wando.
Yanzu Kachollom ke zama a kujerarsa,
lambar fayil ɗinsa na bayan katin asibiti.

Raina kotu, in ji lauya.
Na yi ta juya kalmar a keke har Gangare.
A gidanmu yaron da ya raina babba
kafin magariba ya san kurensa.
Ashe akwai raini mai sa hannu da koren biro,
mai cewa a ba ka kujera,
har a tambayi iyali.

Lauyan gwamnati ya miƙe, ya gyara baƙar riga:
ba mu ƙi ba, ya mai shari'a, ana tantancewa.
Sau huɗu na kai takardar haihuwa,
sau huɗu na dangwala yatsa,
har yau ana binciken ko ni ne ni.

Alƙali ya cire tabarau.
Ina Babban Sakatare?
Aka miƙa takardar likita: hawan jini.
Wani a bayana ya ce ƙasa-ƙasa,
mu ma muna da shi, namu ne ba ya zuwa da hatimi.
Ɗan sanda ya ce a yi shiru.
An ɗage zuwa ashirin da uku ga watan gobe.

Ni ba ɗaurin kowa nake nema ba.
In an kulle oga, dankali ba zai sauko a Farin Gada ba.
Wata sha huɗu ya rage in ajiye aiki,
kuma da matakin da ka sauka ake auna fansho,
shi ke hana ni barci, ba sanyi ba.
Littafin bashin Ɗahiru mai shago
bai san ɗage zama ba,
ranar talatin ranar talatin ce.

Na shigo gida bayan isha'i,
na rataye hula, na zare safa.
Mujittafa ya ɗago daga aikin makaranta.
Baba, ai ka ce mun ci?
Na ce mun ci, tun shekara biyu.
Bai ce komai ba.
Ya tashi ya leƙa tukunya,
ya mayar da murfi a hankali.