Maɓallin Sauƙi

Ƙarfe biyun dare, Karantina, Jidda.
Esi bakwai na gyara yau, nawa yana tari.
A wasan Rumasa'u na sari itace,
na haƙa rijiya, na kafa ɗaki,
dodanni suka rushe shi kafin asuba.
Karo na huɗu.

"Kawu, mayar da shi kan Sauƙi mana,"
ko kai ba ta ɗago ba.
Na danna.

Yunwa ta sake ni.
Dare ya yi, ba motsi a ƙofa.
Na ɗora bene, har da tattabaru.
Ba mai tambayar iƙama,
ba mai karɓar haya.

Sai hamma.

Na saci kallonta,
na mayar kan Tsanani.
Nan hannuna ya saba.