Ƙanƙara a Garwa

Dare uku ina sauko da wata duniya,
giga tamanin da ɗoriya,
da jaka shida da na tsakura daga kuɗin gyaran babur.
Shuɗin layin yana rarrafe
kamar kunkuru a yashin Binuwai.
Ya kai casa'in da bakwai cikin ɗari
aka ɗauke wutar Yelwa kaf.
Har karen maƙwabta ya yi shiru ya ji me zan ce.
Ban ce komai ba. Na fita na sha ruwa.

Washegari Hamajam mai gyara, bayan kasuwa,
ya juye mini shi a faifai, yana girgiza kai:
"Injinka gwanjon Duwala ne, ya ga jiya ya ga yau.
Kayan raƙumi za ka ɗora wa jaki."
Na ce jakin nawa ne.

Na girka. Na danna. Allo ya yi baƙi ƙirin,
sai ɗan akwati da Faransanci: wani fayil ya ɓace.
Na nemo shi, aka ce saura ƙaninsa.
Haka na bi dangin fayil gida-gida
kamar mai rabon goron suna.
Na sake wa katin hoto direba,
direban da bai taɓa riƙe sitiyari ba.

Ran Talata ƙofa ta buɗe.
Duwatsu farare fat, itatuwa masu tsini,
wata mace da fitila a hannu,
numfashinta yana fita kamar tururin koko.
Ni kuwa zufa har cikin kunne,
bazara ta zauna a kan kwanon ɗakinmu ta miƙe ƙafa.
Fankar ciki ta kama ihun injin markaɗe.
Matar ta ɗaga ƙafa da la'asar,
na rantse sai magariba ta sauke ta.
Daga nan ɗif.
Ƙaurin roba kawai ya rage.

Na kwance cikinsa da bakin wuƙa.
Na tarar da saƙar gizo, da ɓawon gyaɗa,
da wani ƙwan tsaka da bai samu rabon ƙyanƙyasa ba.
Na hure da famfon keke,
na shafa sabon man sanyi, ɗigo ɗaya kamar ƙwayar gero,
na ɗora shi kan bulo biyu a gindin randa.
Tasalla ƙanwata ta yarda ta riƙe mafici,
ladanta minti goma in abin ya tashi.

Sai na shiga rage kaya.
Na cire ƙyallin ruwa, tafkin ya koma faranti.
Na aske wa kyarkeci gashi.
Ciyawa, na ce ta tafi sai damina.
Tururin bakin ma na karɓe.
Inuwa ce ta ƙarshe, na daɗe da yatsa a kanta,
don mutumin Garwa ya san kuɗin inuwa.
Na kashe.

Ta yi tafiya!
Ƙafa bayan ƙafa, babu tuntuɓe,
ba inuwa a ƙarƙashinta, kamar mu da tsakar rana
a hanyar Rumde Ajiya.

Goggo Dudu ta leƙo da butarta,
ta ƙura wa allon ido ta ce,
"Wane malalaci ne ya bar auduga haka a fili,
bai kai ta sikeli ba?"
Na ce ƙanƙara ce, Goggo, daga sama take zuba.
Ta ce to su yi godiya, ta wuce alwala.

Ban kai ga gadar farko ba
Tasalla ta dungure ni da gwiwar hannu.
Alkawari kaya ne.
Na tashi daga kujera, na karɓi mafici.
Yanzu minti arba'in ke nan,
tana can cikin sanyi tana korar kyarkeci mai sanƙo,
ni ina nan ina yi wa jaki fifita.