Mabuɗi a Bakin Zane

Ni ne magatakardan majami'armu a Lagdo.
Ran Asabar da la'asar mu bakwai muka zauna,
batu guda a takarda:
ko Kaziya za ta hau mumbari.

Dattijo Barnaba ya buɗe littafi,
ya dafa aya da yatsa, ya ƙi ɗagawa.
"Ba ni na rubuta ba," in ji shi,
"ba kuwa ni zan goge ba."
Ba mugu ba ne. Na ji muryarsa na rawa.

Gidiyon mai gyaran injin kwalekwale
ya buɗe tasa ayar da baƙin mai a farce.
Aya ta kalli aya,
kamar raguna biyu a turke ɗaya.

Ni dai ina rubutu, amma zuciyata ta koma bara,
da ruwa ya cinye hanyar Garwa,
fasto ya yi mako goma sha ɗaya bai tsallako ba.
Wa ya share ɗaki? Wa ya buga ƙarfe?
Wa ya ƙirga baiko har sefa ta ƙarshe?
Da amai da gudawa suka shigo unguwar masunta
ita ta bi gida gida da gishiri da sukari,
warin bandar kifi bai bar rigarta ba.
Jikan Barnaba ma, da muka sa shi a ƙasa,
duk maza mun rasa ta cewa,
bakinta ne ya yi mana addu'a.
Ranar babu wanda ya nemi aya.

Na so in faɗa. Ban faɗa ba.
Aikina rubutu ne, haka na gaya wa kaina.

Aka ɗaga hannu: uku nan, uku can.
Suka juyo gare ni,
na sunkuya ina neman murfin biro.
"A ɗage sai bayan girbi."
Na rubuta da kyakkyawan hannu.

Muka fito, rana ta kusa faɗawa tafki.
Tana zaune a gindin dogon yaro tana gyaran gyaɗa,
ba ta tambaye mu komai ba.
"Kun gama? Zan rufe."

Ta kwance bakin zanenta,
ta fito da mabuɗin,
mu bakwai muka matsa gefe
don ta wuce.