Ni da Kuza

Shekara talatin da ɗaya ina gyaran agogo
a gindin wani bene daura da Taminus.
Ƙusar da ba ta kai ƙwayar acca ba
nakan ɗauke ta da hantsaki, ko numfashi ban riƙe ba.
Yau ga ni ina laluben bakin kofi.

Ba dare ɗaya abin ya zo ba.
Ta gefe ya soma, irin cin gara,
ya ci hagu, ya ci dama,
ya bar mini 'yar kafa kamar ta makulli
ina leƙen Jos ta ciki.
Likita ta ce hawan jinin ido ne,
abin da ya tafi ya tafi,
a ɗiga magani safe da dare don tsare ragowa.

Kuza ya riga ni.
Karen da maƙwabcina Gyang ya ba ni yana kwikwiyo,
shekarar da ƙanƙara ta huda mana kwanon rufi.
Idonsa ya yi fari fat kamar an zuba nono a rijiya.
Muka kai shi Vom a bayan a-kori-kura,
suka ce yana ce, tana ciruwa,
suka faɗi kuɗin, na yi dariya har da tari.
Nasa na gyaruwa, babu kuɗi.
Nawa ko da kuɗi, sai haƙuri.

Ran nan jikata Tabawa ta yi shara,
ta matsar da turmi daga inda ya shekara tara.
Da asuba na ji ƙum, Kuza ya yi ƙara.
Kafin in gama yi masa dariya
ƙaurina ya samu rabonsa.
Muka zauna a sanyin Tudun Wada,
shi yana lasa, ni ina murzawa.
Tun ranar aka kafa doka a gidan nan:
kowa ya ɗauki abu ya mayar inda ya same shi.

Na zuba masa kunne ina koyo.
Ba ya kukan abin da ya rasa.
Yana bin katanga da kafaɗa,
ya san ƙofa da iskar da ke shigowa,
ya san Tabawa da ƙarar silifas ɗinta mai ɗinki,
ya san hadari tun yana bayan duwatsun Shere.
Taku goma sha huɗu daga ɗakina zuwa famfo,
shi ya nuna mini, ni na ƙirga.

Jiya Gyang ya kawo agogon mahaifinsa,
wai ko zan taɓa, don tuna baya.
Na kara shi a kunne.
Yana ɗingishi, bugu ɗaya na jan ƙafa.
Na ce gashin cikinsa ne ya karkace,
kai wa yaron nan Sabitu, ka ce in ji ni.

Da ya fita, Kuza ya ɗaga kai
yana fuskantar inda nake, ya ɗan kauce kaɗan.
Na yi gyaran murya.
Ya gyara.