Kwalba Ta Biyu

Asubar Ratlam, sanyi na cizon kunne,
na tare Ghisalal a gindin gadar jirgi,
garwa biyu rataye a kekensa.
Na ce, "Tsaya, sufeton abinci ne."
Ya sauko, ƙararrawarsa ta haɗiye muryarta.

Na sayi madara, na biya, ya dangwala yatsa.
Na kira mai shayin gefe ya tsaya shaida,
ya zo yana goge hannu a riga,
rabin idonsa na kan tukunya kada ta yi bori.
Kwalba uku, busassu, na raba daidai,
na ɗiga maganin hana tsami ina ƙirgawa,
na naɗe, na ɗaure da zare,
na narka jan danƙo na buga hatimi.
Har yau babban yatsana bai manta zafin ba.

Ɗakin gwaji ya ce rubu'inta ruwa ne.
Ni da ma na sani.
Sugna, mai wanki a layinmu,
ta sha nuna mini kofin ɗanta,
kamar an ɗauraye alli a ciki.

Lauya Bhandari bai taɓa cewa babu ruwa ba.
Ya gyara tabarau: "Sufeto,
ka dama garwar kafin ka ɗiba?
Maiƙo sama yake hawa, ko yaro ya sani."
Na ce na dama. "Da me?" Da ludayi.
"A wane layi ka rubuta?"
Na duba takardata. Na juya bayanta.
Fanka na kuka, alƙali na jira.

Mai shayi ya ce shi dai an ce ya sa hannu.
Ban ga laifinsa ba,
daga garwar nan yake cin abinci.

Sai allura ta tono garma:
wasiƙar da ke ba wanda ake tuhuma kwana goma
ya nemi a gwada kwalba ta biyu a babban ɗakin gwaji
ta yi wata bakwai a aljihun teburin akawu,
ƙarƙashin kwanon abincinsa na rana.
Kafin ta isa hannun mai ita
abin cikin kwalba ya tsinke, ya yi gudaji,
shaida ta ruɓe da maganarta a baki.
Aka sallame shi.
Ya taɓa ƙafar lauya, ya hau keke.

Muka ɗaukaka ƙara zuwa Indore.
Shekara goma sha ɗaya fayil na tafiyar hawainiya.
Na yi ritaya,
gashina ya fi madararsa fari.

Ranar da aka kira mu, mai shari'a ta ce
wanda kotu ta wanke riga biyu ke jikinsa.
In shaida ta yi rassa biyu,
alƙalin farko ya bi guda da dalili,
ba ta dawo da shi don ɗayan ya fi mata kyau.
Minti tara. Na duba agogo.

A tashar mota na zauna da fushina.
Sai Phoolan ta faɗo mini, gwauruwa mai saniya ɗaya,
wadda aka musanya lambar kwalbarta da ta wani,
na kuwa rantse a kanta, da zuciya ɗaya.
Kwalba ta biyu ce ta hana ta kwanan gidan yari.
Ƙofar da ya fita, ta nan ta fita.
Da wane baki zan ce a toshe?

Wani ya zauna kusa da ni, yana haki.
Ghisalal ne, da sanda, ido ɗaya ya yi yana.
Mota ɗaya za mu hau.
Ya sayi shayi biyu, ya miƙo mini.
Na kurɓa.
Ya kurɓa, ya yamutsa fuska.
Ya ce, "Mutanen birni ba su da tsoron Allah."